Kar ka kuskura ka naɗe dankalin nan a foyil

Na ga saƙonka tun bayan asuba, ban amsa da wuri ba ne saboda raina ya ɓaci da na karanta. Ka ce wata ta ba ka aikin gasasshen dankalin turawa mai cikin naman shefas fai, wato niƙaƙƙen naman rago da murƙusasshen dankali a sama, guda sittin na walimar dare, kana tambaya wai ko za ka gasa da safe ka naɗe kowanne a foyil ka jera a kula ya jira har bayan isha'i. A'a ɗana, ba za ka yi ba. In ka yi kuma kar ka gaya wa kowa a hannuna ka koyi aiki.

Ku yaran yanzu abin da ke damunku kenan, kun ga bidiyon minti ɗaya a TikTok an yanka an zuba an ɗaga cokali ciz yana ja, shikenan kun zama kuku, ba wanda yake son ya tsaya gaban obin ya ga yadda abu yake canjawa. Ni tsohon da ya koya min a Jos, Allah ya jiƙansa, gidan turawan haƙar kuza ya yi aiki a wajen Bukuru tun kafin a ba mu mulkin kai a 1960, kuma wannan abincin na mutanen Ingila ne, abincin sanyi, daga obin sai tebur suke cinsa yana turiri. Tsohon nan in ya fito da dankali sai ya ƙwanƙwasa ɓawon da bayan cokali, in bai ji ya yi ƙara ba ya mayar. Duk daɗin abin nan a ɓawon yake, ya bushe ya yi ƙaras-ƙaras da gishiri a jikinsa, ciki kuma ya yi gari. Toh kai ka ɗauko abu mai zafi ka kulle shi a foyil ka rufe a kula, tururin ina zai je? Jikin ɓawon zai koma. Cikin rabin awa ka mayar da gasasshe dafaffe.

Bari in ba ka labarin abin da wannan foyil ɗin ya ja min, don har yau in na tuna sai in ji abinci ya fita raina.

Wata Hajiya ce a nan Abuja za ta aurar da 'yarta da ta yi karatu a Ingila, ta zo min da hoto a waya ta ce amarya ta ce lallai wannan take so a dina, guda ɗari uku, kuma naman rago zalla, don yarinyar ta gaya mata in da naman sa aka yi ya zama wani abincin daban, kuma gaskiyarta ne, nasu na naman sa kotej fai suke kiransa. Na ce ba matsala. Lokacin saura kamar sati biyu babbar sallah, kai ka san yadda rago yake a wannan lokacin, mahauci ma sai ya ga dama yake kallonka. Na faɗi kuɗina ta yi ta ja, Alhaji kuku ai mu da kai an zama ɗaya, ai bikin ƙanwarta ma kai za ka yi, ta ba ni kashi ɗaya cikin uku kafin alƙalami ta ce cikon ranar biki kafin in sauke kaya. A gaban mai shirya mata bikin muka yi magana cewa za a ba ni obin ɗin kicin ɗin hol in yi gashin ƙarshe a can, don na gaya mata ƙarara abin nan ba ya jira.

Kuma ka san dankalin da za a cusa wa nama ba kowanne ba ne. Sai babba mai cika tafin hannu, giram 250 zuwa 300, mai santsin jiki ba tsiro ba kore ba tabon fartanya. Dankalin Filato yawancinsa matsakaici ne, a buhu guda manyan da za ka tsinta ba su da yawa, sai da na tura yarona har kasuwar Maikatako a Bokkos ya zauna da masu kaya ana zazzage buhu ana tsince manya da hannu, kuma ba mai yarda ka kwashe masa manya ka bar masa ƙanana sai ka ƙara masa kuɗi. Ga kuɗin mota daga can. Nama kuwa cinya da kafaɗa na ɗauka bashi wajen mahaucin da muka daɗe tare, ni na tsaya aka cire jijiya aka niƙa a gabana. Bota ta gaske na saya, ba wannan majarin ɗin da kuke zubawa kuna kiransa bota ba. Daren biki ba wanda ya runtsa a cikinmu.

Da safe wajen ƙarfe goma sai ga wayarta, wai masu hol sun ce kukun waje ba zai taɓa musu kicin ba, don haka in gama komai in naɗe a foyil, direba zai zo da kuloli kafin la'asar. Na ce Hajiya zai lalace. Ta ce ai a kula ba abin da yake lalacewa, ita da take zuba shinkafar mutum dubu a kula. Na ce wannan ba shinkafa ba ce, ki bar ni in ɗauko obin ɗina biyu da tukunyar gas a bayan mota in kafa a bayan hol, ba sai kin ƙara min ko sisi ba. Ta ce wai zan ɓata mata tsarin waje manyan baƙi za su zo, kuma ita ce mai kuɗi ita ce mai abinci, in yi yadda ta ce. Wallahi ko hannu ban sa ba, 'yan aikinta mata ta turo da nasu foyil ɗin, ina tsaye suna naɗe dankalin da ya fito ya yi ja gwanin kyau suna danna shi a kula wani kan wani har murfi yana ƙin rufuwa suna hawa kai.

A kati an rubuta ƙarfe bakwai, amarya ba ta shigo ba sai goma ta wuce. Ina wajen lokacin da aka buɗe kula ta farko. Ruwa ne kwance a ƙasa, ɓawon ya jiƙe ya yi lugub yana salewa a hannu, dankalin saman da na yi wa zane da cokali mai yatsu ya manne a jikin foyil, na ƙasa sun baje. Kitsen rago kuma ka san halinsa, da ya fara hucewa yake daskarewa ya yi fari ya manne maka a dasashi. Amma duk da haka ka san ko ɗaya bai dawo ba? Tas aka cinye, da idona na ga mata suna zubawa a leda.

Washegari na kira ba ta ɗauka ba. Da ta ɗauka daga baya sai cewa ta yi na kunyata ta a gaban surukai, abinci ya zo a jiƙe, kuma wai wata ƙawarta da ta san abincin turawa ta ce naman sa ne na saka na ci kuɗin rago. Ni! Wannan maganar ta fi kuɗin yi min ciwo, ni da mahaucina yana nan da rai ana iya tambayarsa. Na je gidan maigadi ya tsayar da ni a bakin get kamar mai bara, mijin ya fito a mota ya sauke gilashi ya ce shi ba ya shiga sha'anin mata. Mai shirya bikin da aka yi maganar obin a gabanta ta ce ita ba ta tuna ba. Kashi biyu cikin uku na kuɗina har yau, kuma ba ta tsaya nan ba ta bi ƙawayenta da labari, ayyuka biyu da na riga na karɓa a watan aka janye. Babur ɗina na sayar na biya mahauci da yaran da suka kwana suna aiki, a ƙafa na yi sallar nan. Mutane suna ta ce min in yafe, ban yafe ba, akwai ranar da za mu tsaya ni da ita.

Kuma Allah ne ma ya tsare ba wanda ya kwanta asibiti, don dafaffen dankali da nama a kulle cikin foyil, ba zafi sosai ba sanyi sosai, awa shida bakwai, nan ne ƙwayar cuta take samun wajen zama, har irin mai shanye jiki tana iya fitowa a dankalin da aka bari a naɗe iska ba ta shiga. Abincin da aka dafa in ya wuce awa biyu a ɗumi-ɗumi ka fara jin tsoronsa. Da wani abu ya faru sunan wa za a kira, nata ko nawa?

Toh ga yadda za ka yi naka. Wanke dankali da huda shi da soya albasa ba zan zauna ina rubuta maka ba, in ba ka iya wannan ba ka mayar mata da kuɗinta. Ka nemi mai gari, kar ka sayi sabon tono na damina mai ruwa da ɓawonsa ke salewa da yatsa, irin su Nicola ɗin nan masu danƙo sun fi kyau a miya da salak. In kana shakka ka gasa ɗaya ka fasa ka gani kafin ka sayi buhu. Kar ka sa ɗanye a firij, zaƙi yake yi ya baƙe a wuta. Mai da gishiri a jiki, kan wayar obin ba kan tire ba, digiri 200, awa ɗaya ko da kwata, tsirara ba foyil. Ka yanke saman ka ƙwaƙule tun da zafinsa da tsumma a hannu, ka bar kaurin kamar rabin yatsa a jikin ɓawon don ya iya tsayuwa, sannan ka mayar da kwankon da ba komai obin minti goma ya bushe. Wannan minti goman kowa yake tsallakewa shi ya sa nasu yake yoyo ta ƙasa.

Naman ka soya shi kaɗan-kaɗan a wuta mai ƙarfi har ya yi ja, in ka juye kilo uku a tukunya lokaci ɗaya ruwa zai fitar ya dahu ya yi toka-toka. Ka tsiyaye kitsen, kusan duka, dalilin da na gaya maka a sama. Karas ƙanana, tumatirin gwangwani kaɗan, tayim, cokalin fulawa, romon ƙashin ragon, in kana da Lea & Perrins, ruwan ɗanɗanon nan na turawa na kwalba, ka ɗiga. Ba miyar shinkafa kake yi ba, ka bar shi ya tsotse har in ka ja cokali a tsakiyar tukunya hanya ta tsaya ba ta rufe ba. Fis a ƙarshe bayan ka sauke. Ɗan attaruhu ba laifi don mutanenmu ba sa son abu salam, amma kar ka cika kori ka mayar min da shi cikin fanken nama. Dankalin da ka ƙwaƙule kuma da hannu za ka murƙushe da bota da madara mai ɗumi kaɗan, in na ji ka sa shi a bilenda ni da kai ne, yauƙi zai yi kamar gam, ba mai gyara shi.

Maganar jira kuma, da sanyi ake jira ba da zafi ba. Ka gama komai da safe, ka bar naman ya huce kafin ka cusa, ka ɗora dankalin a sama ka ja masa zane, ka jera a tire a buɗe su shiga firij. Da yamma ka tafi da su a sanyinsu, gashin ƙarshe a wajen walimar, minti 25 zuwa 30 tunda daga firij suka fito, ka fasa ɗaya ka tabbata tsakiyar naman tana ƙona yatsa, daga nan sai faranti. Kar ka kunna wuta sai ka ga baƙi sun zauna da idonka, kar ka yarda da lokacin da aka rubuta a kati.

Yanzu ka kira matar nan ka tambaye ta akwai obin a gidan, na gas ne ko na lantarki, in na lantarki ne janaretansu yana ɗauka? Ka je ka gani da kanka kar ka yarda da eh a waya, ka auna tire nawa yake ci a lokaci ɗaya don sittin ba za su shiga tashi guda ba. In babu ka zo ka ɗauki ƙaramin nawa ka dawo min da shi a wanke. Kuɗinka kuma ta cika maka tas kafin ka je wajen mahauci, kuma ta rubuto maka a WhatsApp cewa rago ta ce ko sa, ka ajiye saƙon.