Me ya sa pakora take shan mai?

'Yar'uwa, kin ce pakorarki, soyayyar albasar nan ta Indiya, tana shan mai, ba ta yin ƙamas-ƙamas irin ta bakin titin Mumbai. Ruwa ne ya yi mata yawa. Ki yanka albasa siri-siri, ki barbaɗa gishiri ki murza, ki bar ta minti 10, za ta fitar da ruwanta. Da shi za ki kwaɓa besan, garin waken Indiya, da ɗan garin shinkafa, kurkum da attaruhu. Kar ya kai ƙullun ƙosai ruwa, ya dai manne wa albasar.

Mai kuma ya yi zafi sosai: in kin ɗiga kwaɓin ya taso nan take, ya yi. Ki riƙa sakawa kaɗan-kaɗan. Indiyawa da damina suke cin ta da shayi, ni kam ba na jiran ruwan sama.