Amsa kan yawon duwatsun wuta da hasken arewa a Aisland

Ɗan'uwa, ka ce kana so ka haɗa ganin duwatsu masu aman wuta da hasken nan mai rawa a sama a yini ɗaya, cikin watan Yuni. Don Allah ka sauya wata. A Yuni dare ba ya yin duhu a Aisland, shi kuwa hasken sai da duhu ake ganinsa. Ka nufi tsakanin Satumba da Maris. Ni dai Oktoba na fi so, don a Disamba yinin bai wuce awa 4 zuwa 5 ba.

Daga Rekyabik, babban birnin ƙasar, mota za ta kai ka Thingvellir, inda ƙasa ta tsage gida biyu, sannan maɓuɓɓugar Strokkur, mai feso tafasasshen ruwa sama kusan mita 20 kowane minti 5 zuwa 10. Ga tururi, ga warin ƙibiritu kamar ruɓaɓɓen ƙwai. Ka tsaya ta gefen da iska ke fitowa. Kada ka yarda a tsallake ramin Kerid, bakin wani tsohon dutse mai aman wuta, jan dutse ne da tafki a ƙasansa.

Da dare fa, gajimare kaɗai ya isa ya hana ka ganin hasken. Kafin ka biya, ka tambayi kamfanin da zai fita da kai yawon ko za su sake fita da kai kyauta idan ba a ga hasken ba. Ka riƙe safar hannu mai kauri.