Amsa kan daraktan nan na Bengal, Satyajit Ray

Assalamu alaikum jama'ar gida. Yaya, na ji tambayarka, wai ko akwai daraktan Indiya da duniya ta sara wa ba don rawa da waƙa ba. Akwai fa! Satyajit Ray, mutumin Kalkata, kuma da yaren Bengali ya yi yawancin finafinansa. Mu nan finafinan Hindi na Bombay muka taso muna kallo, shi ya sa sunansa bai zagaya wajenmu ba.

An haife shi a 1921, yana ɗan shekara 2 mahaifinsa ya rasu. Zanen talla yake yi a wani kamfanin Turawa. A 1950 suka tura shi Landan, can ya kalli wani fim ɗin Italiya, Bicycle Thieves, ya ga ashe da talakawan titi ma ana yin fim mai ratsa zuciya.

To fim ɗinsa na farko, Pather Panchali, labarin yaro Apu ne da yayarsa Durga a ƙauye. Yaya, mutumin nan ya sha wuya. Mai ɗaukar hotonsa, Subrata Mitra, bai taɓa ɗaukar fim ba. Kuɗi suka ƙare, har gwala-gwalan matar Ray sai da aka jinginar. Akwai inda yaran ke ratsa wata ciyawa mai farin fure don su ga jirgin ƙasa. Sun ɗauki rabi, da suka koma, shanu sun cinye furen tas. Wani sai ya canza wuri kawai. Shi kuwa ya haƙura har ciyawar ta sake fure a wata shekarar. Wallahi wannan haƙurin ne nake gani a duk aikinsa, ba ya gaggawa, yana barin ka ka zauna da mutanen har ka san su.

Gwamnatin jihar Yammacin Bengal ce ta ba da kuɗin ƙarasawa. Fim ya fito 1955, ya ci lambar yabo a bikin finafinai na Cannes a Faransa a 1956. Na biyunsa, Aparajito, ya ɗauki babbar kyautar bikin finafinai na Venice a Italiya a 1957. Daga 1961 ma shi yake tsara kiɗan finafinansa da kansa.

Oscar ta girmamawa a 1992 ta same shi a gadon asibiti, ya rasu 23 ga Afrilu na shekarar.

Ka fara da Pather Panchali, Yaya. Baƙi da fari ne, ka nemi mai fassara a ƙasa.