Amsa: Alina Pätz ta mata kaɗai take bugawa?

Malam, ka tambaya ko a ɓangaren mata kaɗai Alina Pätz ta Suwizalan ta yi fice a curling, wato wasan tura dutse kan ƙanƙara ana share masa hanya. A'a wallahi, ai tun 2011 ta ci kofin duniya na mace da namiji ita da Sven Michel. Sai 2015 a Sapporo ta Japan ta ja tawagarta suka ɗauki na mata, daga baya ta haɗe da Silvana Tirinzoni, Alina ce ke jefa duwatsu biyun ƙarshe, suka kwashe 2019, 2021, 2022 da 2023. A 2024 ne Rachel Homan ta Kanada ta taka musu burki a fainal.