Matar uba a fim da matar uba a gida

'Yar'uwa, kin tambaya ko finafinan zamani sun daina nuna matar uba a matsayin muguwa. Ni shekara 9 ke nan ina riƙe da 'ya'yan mijina biyu, bari in faɗa miki abin da na gani.

An samu sauƙi kam. Tun finafinan zane na Snow White na 1937 da Cinderella na 1950, yara suka tashi da tunanin matar uba mayya ce. Alhali a bugun farko na tatsuniyoyin da wasu 'yan'uwa biyu Jamusawa masu suna Grimm suka tattara, a 1812, uwar da ta haifi Snow White ce ta nemi hallaka ta. Sai a 1819 aka mayar da ita matar uba, don kada a ɓata sunan uwa, laifin ya dawo kanmu.

Abin da ke damuna a finafinan baya-bayan nan shi ne gaggawa. Ki duba fim ɗin Stepmom na 1998. Julia Roberts ta fito a matsayin matar da uban wasu yara zai aura, mai son yaran da gaske, amma ba a sakar mata jiki ba sai da cutar daji ta kama mahaifiyarsu, wadda Susan Sarandon ta fito a matsayinta. Wato sai uwa ta kusa barin duniya sannan a ba ki wuri. Wannan bai yi min ba ko kaɗan. Uwar yarana tana raye lafiyarta lau, kuma haka nake mata fata.

A fim cikin awa biyu an yi faɗa, an yi kuka, an rungume juna. A gidana ƙaramar ta yi shekara guda ba ta yarda na taɓa kanta ba. Da na ɗauko mataji sai ta dafe gashinta ta ce mamanta za ta yi mata. Ta fi son ta tafi makaranta kai a hargitse. Na sha shiga ɗaki in share hawaye, in fito kamar babu komai, don na gane tsoro take ji kada son da za ta yi min ya zama cin amanar uwarta. Wannan tsoron ne masu fim ke tsallakewa da sauri.

Ranar da ta sauko ma babu wani kiɗa. Muna zaune da dare, ta zo ta ajiye matajin a cinyata, ta zauna a ƙasa ta juya min baya, ba ta ce uffan ba.