Amsoshin Tambayoyinku: Sabon Kwikwiyo a Gidan Yara

Wasiƙun wannan makon kusan duka a kan abu guda suka zo, wato kwikwiyon da aka kawo gidan da ke da ƙananan yara. Ban yi mamaki ba, domin mutanen da suka tare a sababbin unguwannin bayan gari, waɗanda a da ko haushin kare ba sa son ji, yanzu su ne ke cigiyar na gadi.

Wata uwa daga unguwar Hanwa a Zariya ta rubuto cewa: “Malam, maigidana ya kawo kwikwiyo ɗan wata biyu. Yarana uku ne, babban shekararsa 9, mai bi masa 6, autan kuma 2. Ta tsakiyar da ta hango shi sai kuka, autan kuwa wutsiyarsa yake son kamawa. Ni kaina a tsorace nake, ko barcin kirki ba na yi.”

Hajiya, ki kwantar da hankalinki, tsoron nan naki shi ne zai tsare yaran, kuma na fi jin daɗin wasiƙarki a kan ta waɗanda ba su damu ba sam. Kwikwiyon da aka raba da uwarsa jiya ya fi 'yarki firgita, saboda haka ki ba shi kwana biyu ko uku a wani lungu mai inuwa, da kaskon ruwansa da buhun da zai kwanta a kai, ba tare da yaran unguwa sun yi dafifi a kansa ba. Ranar da za a haɗa su, a zaɓi lokacin da ya ci ya ƙoshi, a shimfiɗa tabarma a tsakar gida, babban ya zauna a ƙasa shi kaɗai, ya ajiye hannunsa a kan gwiwa, a bar kwikwiyon ya zo da ƙafarsa ya shinshina. Idan ya zo, yaron ya shafa masa ƙirji ko gefen wuya. Kada ya kawo hannu ta saman kansa, kada ya rungume shi, kada kuma ya kai fuskarsa kusa da bakinsa. Minti biyar zuwa goma sun isa a zama ɗaya.

Ita mai shekara 6, kada kowa ya tilasta mata, kuma a hana yayanta yi mata dariya ko tsokanarta da karen. Ki riƙe ta a cinyarki daga nesa ta yi kallo, gobe ta matso kaɗan, jibi wataƙila ta yarda ta zuba masa ruwa. Ki koya mata cewa idan ya nufo ta, ta tsaya cik ta naɗe hannayenta, domin gudu da ihu su ne ke sa kare ya bi mutum, a ganinsa wasa ake yi. Autan kuwa babu abin da za ki koya masa a wannan shekarun wanda zai riƙe, don haka doka ɗaya ce: ba a barin sa da karen su kaɗai, ko da na ɗan lokacin da za ki shiga ki sauke tukunya ne. Sauran dokokin gidan su ne kada a taɓa kare yana cin abinci, kada a tashe shi daga barci, kuma kwikwiyo yana iya kwashe awa 18 yana barci a rana, ba ciwo ba ne. Idan ya yi gurnani, kada a doke shi, a janye yaron, domin gurnani gargaɗi ne, kuma karen da aka hana yin gargaɗi da bulala wata rana cizo zai yi ba sallama. Zai riƙa tauna duk abin da ya samu har zuwa wajen wata 6 ko 7 da zai gama famfara, sai a ba shi tsohuwar igiya mai kauri, a ɗauke silifas ɗin yara. Allah ya raya mana su.

Wani dattijo daga cikin Birni ya tambayi hukuncin ajiye kare a gida. Baba, wannan fagen malamai ne, kuma Zariya ba ta rasa su ba, sai a je a tambaye su. Abin da ya shafi wannan fili shi ne tsari: kare da mazauninsa a waje, da kaskonsa daban wanda ba ya haɗuwa da kwanukan gida, ba ya shiga ɗaki, ba ya zuwa inda ake alwala da salla, kuma duk yaron da ya taɓa shi ya wanke hannu da sabulu kafin ya kai loma baki.

Sai wasiƙar da ta ɓata mini rai, daga wani magidanci a Samaru. Ya ce wani mutum yana zagayawa gida-gida a kan babur yana yi wa karnuka allura a kan rabin kuɗin da ake biya a asibiti, har da kati yake bayarwa, shin ya kira shi ya yi wa kwikwiyon 'ya'yansa?

Malam, kana zaune a Samaru, asibitin koyarwa na dabbobi na Jami'ar Ahmadu Bello yana maƙwabtaka da kai, mutane suna ɗauko dabbobinsu daga wasu garuruwa su kawo nan, amma kai kana neman mai allura a kan babur? Bari in gaya maka abin da na gani da idona a gidan wani maƙwabcina cikin zafin watan Afrilu. Mutumin ya kafe babur a ƙofar zaure, ya sa hannu a aljihun gaban rigarsa ya zaro 'yar kwalba, ya zuƙi ruwan ya tsira wa kwikwiyon, sannan ya ciro kati daga cikin wani ƙunshi ya buga hatimi. Na karɓi kwalbar na riƙe, na ji ta da ɗumi kamar an ciro ta daga cikin tuwo, takardar jikinta kuma ta goge har ba a iya karanta komai. Allurar rigakafi ana ajiye ta ne a sanyi tsakanin digiri 2 zuwa 8 tun daga inda aka yi ta har ta shiga jikin dabba, kuma wadda ta yini a aljihu ba abin dogaro ba ce ko da asalinta ta gaskiya ce, balle a ce ba ka da tabbacin ba ruwan famfo ba ne a ciki. Maƙwabcin nawa ya adana katin a ƙarƙashin katifa yana murna ya yi tsimi, yaransa kuma suna wasa da karen da babu wata kariya a jikinsa. Gara ma a ce ba a yi allurar ba, domin wanda ya san karensa ba shi da rigakafi zai ruga asibiti ranar da aka yi cizo, shi kuwa mai katin bogi cewa zai yi ai an yi masa allura, ya koma ya kwanta.

Ciwon haukan kare, wanda ake yin allurar don rigakafinsa, ba abin da ake ciniki da shi ba ne. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa yana kashe mutane kimanin 59,000 a kowace shekara, galibinsu a Afirka da Asiya, kusan kashi 40 cikin 100 yara ne 'yan ƙasa da shekara 15, kuma kusan duka ta hanyar kare ake kamuwa. Yara sun fi faɗawa ne saboda gajeru ne, cizon yana samun su a fuska da wuya da hannu, sannan sukan ɓoye don tsoron faɗa. Da zarar alamomin ciwon sun bayyana a jikin mutum, kusan babu wanda ke tashi. Abin takaicin shi ne maganin abin yana hannunmu, domin cibiyar binciken dabbobi ta ƙasa da ke Vom a Jihar Filato, wadda ta samo asali tun 1924, tana yin allurar karnuka a cikin ƙasar nan, kuma kowace ranar 28 ga Satumba ana gangamin tunatarwa a kan ciwon a duniya. Duk da haka za ka ga mutum ya sayi sarƙa mai ƙyalli da abin wuya mai ƙararrawa, ya kashe na data a mako guda fiye da bambancin da yake ƙoƙarin ragewa, amma idan aka zo kan allura sai ya tuna tsadar rayuwa.

Ga abin da za ka yi. Ka kai kwikwiyon wurin likitan dabbobi mai rajista, ko a asibitin jami'a ko a asibitin dabbobi na gwamnati. Ana fara allurar haɗaka ta cututtukan kwiyakwiyai a mako 6 zuwa 8, a maimaita bayan kowane mako 3 ko 4 har ya kai kimanin mako 16, ita ce ke tsare shi daga ciwon amai da gudawar jini da ke kashe su cikin 'yan kwanaki. Ta haukan kare kuma ana yin ta idan ya cika wata 3, a sabunta kowace shekara. Ka tsaya ka ga an ciro kwalbar daga firji ko kula mai ƙanƙara, ka duba ranar lalacewarta, ka tabbatar an rubuta lambar kwalbar a katin tare da sunan likitan da sa hannunsa. Likitan gaskiya ba ya jin haushin wannan, wanda ya ɓata rai don ka tambaya kuwa ka ɗauki karenka ka fita. Kada ka manta da maganin tsutsar ciki, domin ƙwayayenta suna fita a kashin kare su zauna a cikin ƙasar da yaranka ke wasa, don haka a kwashe kashin kullum. Kafin a kammala alluran, kada kwikwiyon ya fita layi ya cuɗanya da karnukan unguwa.

Wani matashi daga Sabon Gari ya ce an yi masa tayin kwikwiyo ɗan mako 4, wai jinsin Jamus ne tsantsa, a farashin da bai kai na tunkiya ba, kuma yana so ya saya wa ƙannensa. Ɗana, araha ba ta ado. A mako 4 kowane baƙin kwikwiyo mai ja a ƙafa ɗan Jamus ne a bakin mai sayarwa, sai ya yi wata biyar za ka gane abin da ka saya. Ka ce a kai ka ka ga uwar da idonka, ka ga halinta da inda take kwana, in aka fara yi maka hanya-hanya ka riƙe kuɗinka. Ko da na gaske ne, ba a raba kwikwiyo da uwarsa kafin mako 8, domin a wurinta da 'yan'uwansa yake koyon sassauta cizo, kuma wannan darasin ƙannenka ne za su ci amfaninsa. Karenmu na gida ya fi jure zafi da kaska, cinsa kaɗan ne, gadinsa kuma ba ya buƙatar takardar shaida.

Wata baiwar Allah daga Tudun Wada ta rubuto a rikice cewa kwikwiyon da aka tsinto ya ciji ɗanta a yatsa har jini ya ɗan fito, kakarsa kuma ta ce a shafa toka. 'Yar'uwa, kin kyauta da kika tambaya, kuma kada ki zargi kanki, amma kada ki jira fitowar wata amsa nan gaba. A irin wannan hali ana wanke wurin da sabulu da ruwa mai gudana na tsawon minti 15 cur, sannan a tafi asibiti a ranar, ko asibitin koyarwa da ke Shika ko babban asibiti mafi kusa, a gaya wa likita cewa ba a san tarihin karen ba. Idan ya rubuta allurai, a cika su duka a ranakun da ya sa, ko da ciwon yatsan ya warke. Shi kuma kwikwiyon kada a kashe shi, kada a kore shi, a tsare shi kwana 10 likitan dabbobi yana duba shi, amma ba a jinkirta allurar yaro don jiran wannan. A ba Hajiya kaka haƙuri cikin ladabi, toka ba ta da aiki a nan.

Masu tambaya a kan abinci kuna da yawa, ga amsarku a haɗe. Kwikwiyo yana cin abinci sau 3 ko 4 a rana, kuma tuwo gaya ba ya gina shi, sai an haɗa da dafaffen ƙwai ko nama ko kifin da aka cire wa ƙaya. Madarar shanu tana sa yawancinsu gudawa. A hana yara jefa masa ƙashin kaza dafaffe, da cakulan, da goro, da miyar da ta sha albasa da tafarnuwa. Kada a ba shi maganin ciwon kai na mutane, kuma masu yi wa kwikwiyo wanka da fiya-fiya don kashe kaska su sani guba suke shafa wa dabbar da yaransu za su rungumo anjima. Maganin kaska na karnuka yana wurin likita, kuma da awo ake ba da shi.

Wani kuma, wanda bai faɗi unguwarsa ba, yana so in gaya masa abin da zai riƙa zuba wa kwikwiyonsa a abinci, barkono ko wani abu dabam, domin ya tashi da zafin rai, alhali a wasiƙar tasa ya ce yana da yara huɗu. Malam, karen da ka haukata da barkono da ɗauri a rana ba zai tantance ɓarawo da ɗanka ba, kuma ɗanka ne yake gani kullum. Haushi idan ya ji baƙon motsi halinsa ne, zai fara shi da kansa idan ya tasa. Ka ciyar da shi, ka kwance shi da dare, ka gyara katangarka ta baya.