Amsar Kawu: Kalmar "Ligneous" da Inda Take Zama

Assalamu alaikum, ɗana. Saƙonka ya iso, na karanta shi har sau biyu. Na ji daɗi da kake lafiya kuma karatu yana tafiya, Allah ya ƙara basira.

Ka ce ka tsinci kalmar "ligneous" a takardun darasin tsirrai, ka duba ƙamus ya ce maka "mai kama da itace", sai ka ɗauke ta ka siffanta kujerar ɗakin karatu da ita a wani rubutu. Malaminku ya ja mata jan biro, bai ce maka uffan ba. Shi ne kake tambayata wace irin al'ada ce wannan ta Turawa, su tara kalma biyu ko uku a kan abu guda, sannan in mutum ya zaɓi babbar a ce ya yi kuskure. Ka kuma tambaya ko mu Hausawa muna da irin wannan.

Malaminka ya yi daidai, sai dai na so a ce ya zaunar da kai ya yi maka bayani, domin jan biro shi kaɗai ba ya koyar da yaro. To bari in ɗauki wannan nauyin, tunda a cikin itatuwa na ƙare ƙuruciyata, ina aikin gandun daji, kuma kalmar nan kullum tana cikin rahotannin da muke rubutawa.

Da farko ka gyara furucinta. Ana cewa "lig-ni-yas", ana jin harafin g sarai, nauyin murya kuma a kan gaɓar farko. Asalinta Latin ne, harshen Romawa. Su Romawa suna da kalma biyu. "Lignum" shi ne itace, musamman na wuta, wanda ake zuwa daji a ɗebo, har masana asalin kalmomi da yawa suna ganin daga kalmar "tsinta" ko "tattara" ta harshensu aka samo shi. "Materia" kuwa shi ne itacen gini, wanda aka sare aka gyara don rufi ko jirgin ruwa. Ka ga ashe abin da muke yi ne da muke raba itace da katako. Har gobe mutanen Sifen suna riƙe da wannan rabon: na wuta "leña", na aiki "madera". Tsibirin nan Madeira ma, da mutanen Fotugal suka sauka a kansa wajen 1419, saboda yawan dajinsa suka raɗa masa sunan. Daga "lignum" ɗin nan aka ƙera "ligneous", ta shiga rubutun Ingilishi a shekarun 1620.

Yanzu ga inda ka yi tuntuɓe. Bature yana da nasa kalmomin na gado a kan itace, kowace da aikinta. Abin da aka sassaƙa ko aka ƙera da katako, kamar kujera, ƙofa, muciya, allo, shi ne "wooden". Filin da bishiyoyi suka rufe shi ne "wooded". Abin da jikinsa ya yi tauri irin na itace, ko yake da ƙamshinsa, shi ne "woody". To "ligneous" 'yar'uwar wannan ta ƙarshen ce, amma ta ɗakin karatu. Ba ruwanta da abin da kafinta ya yi da hannunsa. Maganar halitta take yi, wato yadda jikin tsiro yake: shin ya ƙosa ya zama itace, ko har yanzu ganye ne da ruwa? Shi ya sa ba a cewa kujera "ligneous". Kujera aikin hannu ce. Amma tushen sabara, ko karan auduga da ya shekara a gona, ko jikin rogo, waɗannan duka an yarda ka kira su da ita.

A wurin aiki haka muke raba tsirran fili gida biyu idan za mu ƙirga. Masu jikin itace a gefe guda, ciyawa da ganyayyakin da ke mutuwa da wucewar damina a ɗaya gefen. Tsawo ba ya cikin lissafi ko kaɗan, kuma wannan ne ke rikita sababbin ma'aikata. Sabara da geza da kalgo sau da yawa ba su fi tsayin mutum ba, amma suna cikin gidan farko. Ayaba kuwa, duk girman nan nata, ba ta ciki. Ka sare ta ka gani: gindin ganyaye ne suka nannaɗe juna, ruwa ne kawai ke zuba, babu itace ko ƙanƙani. Kuka tana ciki, duk da cewa jikinta laushi gare shi kamar soso, ba mai neman ta don faskare. Gora kuma dangin ciyawa ce, 'yar'uwar gero da dawa, amma ta yi taurin da ake rufin ɗaki da ita, don haka ake lissafa ta da masu jikin itace.

Me ke kawo wannan taurin? Akwai wani sinadari da tsiro ke zubawa a bangon ƙwayoyin jikinsa yayin da yake manyanta, kamar yadda magini ke cakuɗa ƙasa da ciyawa ta kama ta ƙame. Wani masanin tsirrai ɗan ƙasar Suwizalan, de Candolle, shi ya ba shi suna "lignine" a 1813, daga "lignum" ɗin da na gaya maka. A busasshen itace yakan kai kashi 20 zuwa 30 cikin ɗari, wani lokaci ya ɗan haura. Shi ke tsayar da maɗaci ya yi sama bai faɗi ba. Iyayenmu ba su san sunansa ba, amma sun san aikinsa sarai. Da suka ce icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, labarin wannan sinadarin suke bayarwa. Matar da ta matsa kuɓewa a kasuwa ta ji ta ƙi karyewa, ta mayar ta ce ta ƙosa, shi ta ji a yatsunta. Makiyayi ya san ciyawar farkon damina ta fi ƙosar da saniya a kan ta rani, dalili kuwa cikin dabba ba ya iya narkar da sinadarin nan, kuma ciyawa tana ƙara tara shi ne da tsufa. Shi ya sa mai hankali ke tara harawa da wuri. Ko tsofaffin jaridun Gaskiya Ta Fi Kwabo da ke cikin akwatina, da ka taɓa tambayata me ya sa suka koma ruwan ƙasa, shi ne dai. Takardar jarida ba a cire mata shi duka, sai iska da haske su canza masa launi.

Likitoci ma sun ari kalmar. Akwai wani ciwon ido da ba a cika gani ba, ya fi kama yara, inda wata fata mai kauri ke fitowa a cikin fatar ido ta yi tauri kamar katako. Suna kiransa "ligneous conjunctivitis", kuma yana zuwa ne daga ƙarancin wani sinadari a jini mai narkar da gudan jini. Akwai kuma wani irin maƙoƙo mai tsananin tauri da wani likita Bajamushe, Riedel, ya bayyana a 1896. Shi da ya taɓa, cewa ya yi taurin ƙarfe gare shi, amma a littattafan Ingilishi sai aka riƙa kwatanta shi da itace. Hannu ɗaya ya ji ƙarfe, wani ya ji icce. Daga dangin kalmar kuma akwai "lignite", wato kwal mai ruwan ƙasa da ake haƙa da yawa a Jamus, wanda bai gama rikiɗa ba, har akan ga zanen itace a jikinsa. Idan ka ci karo da "xyloid" kada ta firgita ka, ma'anarta kusan ɗaya ce, sai dai ita daga Girkanci ta zo, kuma ta fi wannan ƙarancin amfani nesa ba kusa ba. A duk shekarun aikina ban taɓa jin mutum ya furta ta da baki ba.

Sai batun al'adar da ka tambaya. Tarihi ne ya haifar da ita. A 1066 mutanen Nomandi daga Faransa suka ci Ingila da yaƙi, fada da kotu suka koma Faransanci na kusan shekara 300, coci da makaranta kuma dama da Latin suke aiki. Talaka ya ci gaba da harshensa a gona da kasuwa. Har bayan Ingilishi ya dawo da ƙarfinsa, masu ilimi a Turai da Latin suke rubuta wa junansu. Newton, masanin kimiyya ɗan Ingila, da shi ya rubuta babban aikinsa a 1687, Linnaeus ɗan Suwidin da shi ya jera sunayen tsirrai a 1753, sunayen da kuke haddacewa yanzu. Wannan ya sa kusan kowane abu ya samu suna biyu a bakin Bature, na gida da na makaranta. Rana "sun" ce, amma abin da ke kan rufin gidanku sola ake ce masa, daga Latin. Haƙori "tooth" ne, amma a ƙofar ɗakin likitan haƙori "dental" za ka gani. Haka "wood" da "ligneous" suke.

Kada kuma ka zaci su Turawan duk sun yi na'am da wannan. Tun a ƙarni na 16 wasu marubutansu suka riƙa sukar masu cusa kalmomin Latin ba gaira ba dalili, suna kiran irin waɗannan kalmomi "inkhorn terms", wato kalmomin kurtun tawada, waɗanda ba su taɓa fita daga zauren malam sun shiga kasuwa ba. Wannan ƙyamar tana nan har yau. Idan ka ce wa Bature ƙofarsa "ligneous" ce, zai ɗauka ko zolaya kake yi, ko kana son a ce ka yi karatu. Marubutansu sukan yi haka da gangan don ba da dariya, su siffanta kan mutum da ita, suna nufin daƙiƙi ne. Mutumin da ya tsaya ƙiƙam a gaban jama'a ba sakin jiki kuwa "wooden" suke ce masa, kamar yadda mu ke cewa ya sandare. Ka ji sanda a cikin kalmar tamu ma.

Mu ma muna da wannan al'adar, ɗana, kuma kai kanka kana bin ta ba tare da ka lura ba. Matsayin da Latin ya riƙe a wurinsu, Larabci ne ya riƙe mana shi. Allo da alƙalami da tawada da littafi duk ta hannun malamai suka shigo. Akuya mutuwa take yi, mutum kuwa rasuwa, idan kuma malami yana ba da tarihin Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, sai ka ji ya ce wafati. Abu ɗaya ne ya faru, amma da wani zai zo ya ce maka akuyarsa ta yi wafati, ai sai ka dube shi sau biyu. Ba wanda ya rubuta mana wannan doka, a bakin manya muka ji muka ɗauka. Abin da ka yi wa kujerar nan bai yi nisa da wannan ba.

A kan itace kuwa, ina ganin mun fi su rarrabewa, kuma abin yana damuna da nake jin yaran yanzu komai "katako" suke ce masa. Katako sai wanda zarto ya tsaga. Wanda ke tsaye da ransa bishiya ce. In an sare ta, guntun da ya rage a ƙasa kututture ne, babban da aka kwantar gungume, wanda aka tsaga da gatari faskare, ƙananan da yara ke tsintowa kirare. Na gero da dawa kara ne, ba mai ce masa itace. Azara kuma daga giginya ake tsago ta, daga ɓangaren waje mai tauri, kuma gara ba ta cika samun sa'arta ba, shi ya sa soron kakanku ya kai yau. Kakarku, Allah ya jiƙanta, in za a sayi turmin amarya, sai ta ƙwanƙwasa shi ta saurara, ta tambayi masassaƙi icen mene ne. Ƙirya take so, don ta san shi zai jure daka shekara da shekaru, kuma gawayinsa ne maƙera ke nema. Allon da ka fara karatu da shi, na aduwa na sa aka sassaƙa maka. Wannan sanin yana tafiya da masu shi ɗaya bayan ɗaya, da yawansa ba a rubuta ba, alhali na Turawa yana kwance a ƙamus tun shekara ɗari huɗu.

Saboda haka ka koma ga rubutunka ka mai da kujerar "wooden". Idan kuna darasin tsirrai ana maganar sabara ko auduga, ka sa "ligneous" ba fargaba, ko ka ce "woody", duka biyun karɓaɓɓu ne, malamai da yawa ma yanzu ta biyun suka fi so. Ka kuma je wurin malamin nan cikin ladabi ka nuna masa gyaran.

In kun samu hutu ka taho da littafin rubutu. Akwai wani tsohon masassaƙi a bayan kasuwarmu, har yanzu yana riƙe gizago, ina so in kai ka wurinsa tun yana da ƙarfin magana. Ka zauna ya lissafa maka itatuwan da ya sani da abin da kowanne ke yi, kai kuma ka sa sunan Latin a gefen kowanne. Ka gaishe mini da abokan karatunka. Allah ya yi maka albarka.

Kawunka.